Fuskar da Ta Kusa Zama ta Mutum

 

Yau zancenmu a kan fuska ne, irin wadda kwamfuta ke ƙerawa a finafinan zane mai motsi, waɗanda yara ke kira katun. Akwai wani abu da ya daɗe yana ci wa masu wannan sana'a tuwo a ƙwarya. Idan suka zana mutum da ƙaton kai, da idanu dara-dara, da yatsu huɗu, sai a so shi. Yara su yi ta ƙyaƙyata dariya, babba ma ya share ƙwalla idan wani abu ya same shi. Idan kuwa suka zage damtse, suka zuba kuɗi, suka ƙera fuskar da ta yi kama da ta mutum ƙwarai, har da gashin gira da tabon fata, sai mai kallo ya ji tsikar jikinsa ta tashi. Ya kau da kai, kuma ko ka tambaye shi ba zai iya gaya maka abin da ya dame shi ba.

A watan Nuwamban 2004 finafinai biyu suka shiga gidajen sinima a Amurka, kwana biyar tsakaninsu. Na farko shi ne The Incredibles na kamfanin Pixar, labarin wani iyali masu ƙarfin ban mamaki. Maigidan ƙirji ƙato, ƙafafu 'yan firit, haɓa zabgegiya. Uwargidan kuwa jikinta na miƙewa yadda ta ga dama. Ba wanda zai kalle su ya ce ga mutane. Duk da haka jama'a suka rungume su, fim ɗin ya lashe kyautar Oscar. Na biyu shi ne The Polar Express na darakta Robert Zemeckis, wanda ya ci sama da dala miliyan 160. A nan wata dabara aka yi. Aka sa wa fitaccen ɗan wasa Tom Hanks matsattsun kaya, aka manna masa ɗige-ɗige masu ƙyalli a jiki, fiye da ɗari a fuska kaɗai, kyamarori suka kewaye shi suna naɗar duk motsin da ya yi. Kwamfuta ta kwashi wannan motsi ta ɗora wa mutanen da ta ƙera, har da kwandastan jirgin ƙasa da yaron da labarin ke kansa. Fim ne na yara, na lokacin Kirsimeti, kuma a yi adalci, ya samu masoya, ya kawo kuɗi. Amma abin da masu sharhin finafinai suka yi ta nanatawa, wanda har yau ake tuna fim ɗin da shi, shi ne idanun yaran nan. Suka ce idanu ne matattu. Yaro na dariya, baki a buɗe, kumatu sun motsa, amma ka dubi idonsa ka ga ba kowa a ciki.

Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Ana iya manna ɗigo a goshi da kumatu da leɓe, amma ba a manna shi a ƙwayar ido. Na'ura ta naɗi komai ban da ido, masu zane suka cike gurbin da ƙiyasi. Sai aka samu fuskar da galibinta na ɗan'adam ne, ɗan abin da ya rage kuma ba nasa ba. Wannan ɗan abin shi ya ɓata sauran.

Shekara 34 kafin wannan fim, wani injiniya ɗan ƙasar Japan mai suna Masahiro Mori ya riga ya hango matsalar. A lokacin farfesa ne a Cibiyar Fasaha ta Tokyo, aikinsa ƙera mutum-mutumi. A 1970 ya rubuta wata gajeriyar maƙala a mujallar Energy, wadda a lokacin ba ta ja hankalin mutane sosai ba. Ya ce gwargwadon yadda abu ke ƙara kama da mutum, gwargwadon yadda muke ƙara sakin jiki da shi. Injin da ke aiki a masana'anta ba ya motsa mana zuciya. Mutum-mutumin wasan yara mai kai da hannu biyu, wannan yara na ƙaunarsa. Haka abin ke ta hawa, har a zo gab da cikar kamanni, sai kwatsam a rufta, ƙauna ta koma ƙyama. Wannan ruftawar ita ya kwatanta da kwazazzabo. Misalin da ya bayar na hannun roba ne mai launin fata, da farce, har da shatin jijiyoyi. Ka miƙa naka hannun ku gaisa, ka ɗauka hannu ne, sai ka ji sanyi, ka ji laushin da babu ƙashi a cikinsa. Nan take gabanka ya faɗi. A can ƙasan kwazazzabon Mori ya ajiye gawa, ƙasa da ita kuma gawar da ke motsi, domin a ganinsa motsi ninka abin yake yi. Ya ba da labarin wani mutum-mutumi da aka ƙera don baje kolin duniya na birnin Osaka a wannan shekarar, wanda aka koya wa murmushi. Da aka rage saurin murmushin da rabi, sai fara'a ta gushe, fuskar ta koma abin tsoro.

To me ya sa muke haka? Bahaushe ya ce labarin zuciya a tambayi fuska, kuma mu mun fara wannan tambaya tun ranar da aka haife mu. Masana sun gwada jarirai sababbin haihuwa, suka ga sun fi bin zanen da ke da siffar fuska da ido a kan wanda aka hargitsa. A ƙwaƙwalwarmu ma akwai sashen da ya ƙware wajen gane fuskoki, wanda Nancy Kanwisher da abokan aikinta suka bayyana a 1997. Babu abin da muka iya karantawa a duniyar nan kamar fuskar ɗan'uwanmu. Uwa na duban ɗanta ta ce ba ka da lafiya, alhali bai ce uffan ba. Ɗan kasuwa na duban mai ciniki ya san ko zai ƙara ko ya ƙure. Ba wanda ya je makaranta don wannan.

Ka lura da ido, mai sauraro, domin a nan aikin yake. Idon mai rai ba ya tsayawa cak. Yakan yi 'yan tsalle-tsalle kimanin sau uku a kowace daƙiƙa, daga idonka na dama zuwa na hagu, ya sauka bakinka, ya dawo. Ɗan baƙin da ke tsakiyarsa na faɗaɗa yana tsukewa. Fatar ido na bin ƙwayar idan ta dubi ƙasa. Ƙiftawa ba ta zuwa a kan ƙa'ida, takan faɗo ne inda tunani ya yanke ko magana ta tsaya. Ga danshi, ga haske na wasa a kansa. Murmushi ma ba aikin baki ne kaɗai ba. Wani likitan Faransa, Duchenne, ya yi ta motsa tsokokin fuskar mutane da wutar lantarki, ya kuma wallafa a 1862 cewa murmushin gaske sai da tsokar da ta kewaye ido, wadda ba kowa ke iya juya ta da gangan ba. Murmushin da ya tsaya a leɓe mu ma mun san shi, shi ne yaƙe, wanda ake cewa ya fi kuka ciwo. Yaran The Polar Express yaƙe suke yi daga farkon fim har ƙarshensa, ba da nufin kowa ba. Hatta fata tana da nata sirri: haske kan ɗan shige cikinta, ya warwatsu, ya fito da jan jini. Shi ya sa kunnen mutum ke yin ja idan rana na bayansa. Fatar da kwamfutocin farko suka ƙera ba ta yin haka, sai ta riƙa sheƙi irin na roba.

Katun ya tsira daga duk wannan bincike ne saboda bai taɓa yi mana alkawarin shi mutum ne ba. Ɗigo biyu da lanƙwasasshen layi sun ishe mu, zuciyarmu ce ke cike sauran, kuma abin da ka cike da kanka ba ka ƙyamarsa. Amma da zarar fuska ta zo mana da ƙofofin gashi da tamoji, ta ɗauki alkawari. Sai mu auna ta da ma'aunin da muke auna 'yan'uwanmu, ma'aunin da ba ya sassauci. Wata masaniya a Jami'ar Kalifoniya da ke San Diego, Ayse Saygin, ta gwada wannan da na'urar hoton ƙwaƙwalwa. Ta nuna wa mutane bidiyo iri uku: na wata mata, na mutum-mutumin da aka ƙera da kamannin matar, da na wannan mutum-mutumin bayan an tuɓe masa fatar roba ya koma ƙarfe tsirara. Mace mai motsin mutane ba ta dami ƙwaƙwalwa ba, ƙarfe mai motsin inji ma haka. Inda ƙwaƙwalwa ta fi shan wahala shi ne na tsakiyar, mai siffar mutum da motsin inji, domin abin da ta yi tsammani da abin da ta gani sun saɓa. Kuma ba mu kaɗai ba ne. A 2009 masana biyu a Jami'ar Princeton suka nuna wa birai hotunan birai na gaske, da na kwamfuta marasa kama sosai, da na kwamfuta masu kama sosai. Waɗanda biran suka fi saurin kau da ido daga kansu su ne na ƙarshen.

Ni abin da wannan ke tuna mini shi ne labarin da kusan kowane Bahaushe ya taso da shi, na kyakkyawar matar da ta tsayar da mai abin hawa da tsakar dare. Ado ya ji, murya mai daɗi, ƙamshi na tashi, ana tafe ana hira, har idonsa ya kai ƙafarta ya ga kofato. Ka tambayi kanka me ya sa wannan labari ya fi na dodo mai ƙaho tsoratar da mu. Dodo tun daga nesa ka san dodo ne. Ita kuwa sai da ka saki jiki, ka ba ta matsayin 'yar'uwa, sannan abu guda ya tona cewa ba abin da ka zata ba ce. Masu ba da wannan labari sun fahimci abin da Mori ya zana a takarda. Shi kansa Mori ya ce wannan faɗuwar gaba kariya ce da aka halicce mu da ita, don mu nisanci gawa da abin da ke iya cutar da mu a kusa. Wasu masanan sun ce gudun cuta ne, domin fatar da ta koɗe da idon da ya ƙafe alamun rashin lafiya ne. Ko wanne ne daidai, jikinmu gaskiya yake gaya mana: akwai fuska a nan, amma babu mai ita.

Kamfanoni sun biya kuɗi masu yawa kafin su ji wannan magana. A 2001 kamfanin wasannin kwamfuta na Japan, Square, ya fitar da Final Fantasy: The Spirits Within, wanda aka haɗa a wani sutudiyo da suka gina a Honolulu. Jarumar, Aki Ross, sili dubu 60 na gashi aka ƙera mata, kowane yana motsi, har ana fatan ta zama 'yar wasan da za a riƙa sa ta a wasu finafinan. An kashe dala miliyan 137, abin da ya dawo bai wuce miliyan 85 ba, aka rufe sutudiyon. Shi kuwa Zemeckis, bayan The Polar Express bai saduda ba. A fim ɗinsa Beowulf na 2007 har wayoyi aka manna a gefen idon 'yan wasa don naɗar juyawar ƙwayar. Amma Mars Needs Moms, wanda kamfaninsa ya shirya wa Disney ya fito a 2011, ya ci dala miliyan 150, ya dawo da kusan miliyan 39. Tun kafin ya fito Disney ta sanar da rufe sutudiyon.

Wanda ya fi burge ni shi ne na Sonic, domin a nan masu kallo ne suka yi hukunci da kansu. Sonic bushiya ce shuɗiya ta wasan kwamfuta, mai manyan idanu a haɗe da fararen safar hannu. A ƙarshen watan Afrilun 2019 kamfanin Paramount ya saki tallan fim ɗinsa, sai ga Sonic da ƙananan idanu, da dogayen ƙafafu masu tsoka irin na ɗan tsere, da haƙora jeras irin na mutane. Haƙoran nan su suka tayar da ƙura. Cikin kwana biyu darakta Jeff Fowler ya fito ya ce sun ji, za su gyara. Aka ɗage fim ɗin daga Nuwamba zuwa Fabrairun 2020, aka mayar da Sonic katun ɗinsa, fim ɗin ya tara sama da dala miliyan 300. A wannan shekara ta 2019 ne kuma aka sake yin The Lion King da zakunan da suka yi kama da na daji sak. Ya kawo kuɗi tuli, amma da yawa waɗanda suka san na 1994 sun fito suna cewa wurin mutuwar uban jarumin bai taɓa su kamar da ba. Zakin gaske ba shi da girar da zai ɗaga, don haka muryar na kuka, fuskar kuwa ko a jikinta.

Ba ina cewa ba a taɓa dacewa ba. Gollum na finafinan The Lord of the Rings halittar kwamfuta ne, amma mutane sun tausaya masa, saboda ɗan wasa Andy Serkis na bayansa da jikinsa da muryarsa, kuma shi Gollum bai ce shi mutum ne ba. Shuɗɗan mutanen Avatar na 2009 ma haka, an ɗaura wa kowane ɗan wasa 'yar kyamara a gaban fuska don kada ido ya sake kuɓucewa. Shawarar Mori tun 1970 ita ce mai ƙira ya tsaya a tudun farko, kada ya yi gigin tsallake kwazazzabon. Ya ba da misalin tabarau, wanda bai taɓa kwaikwayon ƙwayar ido ba, amma ya ƙawata fuska.

Sai dai masu kuɗi ba su tsaya ba, kuma a nan damuwata ta gaske take. A 2016 fim ɗin Rogue One ya dawo da ɗan wasan Ingila Peter Cushing, wanda ya mutu tun 1994. Wani ɗan wasa, Guy Henry, ya yi aikin, aka lulluɓe fuskarsa da ta mamacin. Masu kula da gadonsa sun ba da izini, amma shi mai fuskar ba a tambaye shi ba, ba kuma yadda za a yi a tambaye shi. Wannan batu na daga cikin abin da ya sa 'yan wasan Hollywood suka yi yajin aiki na kwana 118 a 2023, har suka samu yarjejeniyar cewa ba za a ƙera kwafin ɗan wasa ba sai da yardarsa da biyansa.

Yanzu kuma ƙirƙirarriyar basira ta shigo, kwazazzabon na ta cikewa. A 2022 Sophie Nightingale ta Jami'ar Lancaster da Hany Farid na Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley suka nuna wa ɗaruruwan mutane hotunan fuskoki, rabi na gaske, rabi na kwamfuta, suka ce a tantance. Kashi 48 cikin 100 kawai aka dace, wato daidai da canki-canka. Abin da ya fi wannan tayar da hankali, da aka tambayi wace fuska ce ta fi kama da ta mai amana, sai na kwamfutar suka ɗan ɗara na gasken. Hotuna ne marasa motsi, amma bidiyo ma na biye. A farkon 2024 wani ma'aikacin kuɗi na kamfanin Arup a Hong Kong ya shiga taron bidiyo, ya ga shugabansa da abokan aikinsa, ya ji muryoyinsu, ya tura kimanin dala miliyan 25 bisa umarninsu. Duk cikinsu ba mutum ko ɗaya. An koyi ɓoye kofaton.

Shekara ashirin masu fim na ɗaukar wannan tashin tsikar jiki a matsayin cutar da za su yi wa magani. Ni a ganina ni'ima ce, kuma muna gab da rasa ta. Abin bai tsaya a Hollywood ba, yana cikin wayar da ke aljihunka. Kowa na ganin bidiyoyin da ke yawo a WhatsApp da TikTok da Facebook, inda ake ɗaukar hoton wani malami ko sarki ko shugaba da ya riga mu gidan gaskiya, a sa shi ƙifta ido, a motsa leɓensa, a sa masa magana a baki da Hausa. Wani don ƙauna ya yi, wani don neman mabiya, wani don tallan maganin ƙarya ko siyasa. Mamacin nan yana da 'ya'ya da mata da almajirai, kuma ba wanda ya ji ta bakinsu. Kama da wane ba ta wane, amma tsohuwar da jikanta ya miƙa wa wayar ba ta da hanyar sanin haka.

Saboda haka ina da magana ga matasanmu masu koyon zane mai motsi a Kano da Kaduna da Jos da Damagaram, waɗanda ke fama da tsohuwar kwamfuta da rashin wuta. Kada ku ɓata ƙarfinku wajen neman fuskar da ta yi kama da hoto. Waɗanda suka fi ku kuɗi nesa ba kusa ba sun gwada sun rufe sutudiyo. Ku dubi Bino and Fino na Adamu Waziri da ake yi a Abuja, zane ne mai sauƙi, kuma yara sun karɓe shi har a ƙasashen waje. Gizo da Ƙoƙi ba sa buƙatar ƙofofin gashi, labari suke buƙata da mai zanen da ya san yadda gira ke ɗagawa idan an kama maƙaryaci. Ku bar fuskokin mamata su huta, kuma kada ku taɓa ta mai rai sai da izininsa.

Kai kuma mai sauraro, idan aka turo maka bidiyon wani babba yana faɗin abin da bai yi kama da halinsa ba, ko yana neman ka tura kuɗi, ka dubi idonsa da haƙoransa, ka duba ko leɓe da murya na tafiya tare. Idan jikinka bai ba ka ba, ka yarda da jikinka. Idan ma ba ka ga komai ba, kada wannan ya ishe ka hujja, domin na'urar ta fara fin idonmu. Ka kira wanda ya san shi ka tambaya, kuma kada ka tura wa kowa kafin ka tabbatar.